Yadda Ake Auna Lokacin Faɗuwar Abu, Da Yadda Ake Gano Tsayi Daga Lokacin

Dutsen da aka saki daga tsayin mita 5 yana taɓa ƙasa cikin sakan ɗaya. Idan aka haura da shi zuwa mita 10, yawancin mutane za su ce sakan biyu zai yi. Sakan 1.43 yake yi. Kafin ya cika sakan biyu sai an kai shi kusan mita 20, kafin ya cika uku kuwa sai mita 44. Wato idan kana son lokacin faɗuwa ya ninka sau biyu, sai ka ninka tsayi sau huɗu, idan kuma sau uku kake so, tsayi sau tara. Duk aikin da ke tafe a kan wannan ƙa'ida yake tsaye, kuma daga ita ne kusan duk kurakuran awo suke fitowa.

Lissafin tukuna

Abin da ke jawo komai zuwa ƙasa shi ne jan ƙasa. Wasu suna kiransa maganaɗisun ƙasa, amma sunan yana da ruɗi, domin katako da ruwa da auduga duk yana jansu, ba ƙarfe kaɗai ba. Aikinsa a kan abin da ke faɗuwa shi ne ƙara masa gudu: kowane sakan ɗaya gudun yana ƙaruwa da mita 9.8 a sakan. Wannan lamba ita ce masana suke rubutawa da harafin g. Tana ɗan bambanta daga wuri zuwa wuri, 9.78 a layin tsakiyar duniya, 9.83 a ƙuryar arewa da ta kudu, amma 9.8 ta ishe ka.

Abin da aka saki daga hannu yana farawa ne ba gudu ko kaɗan. Bayan sakan ɗaya gudunsa ya kai 9.8. Tunda daga sifiri ya taso yana hawa daidai wa daida, matsakaicin gudunsa a cikin wannan sakan rabi ne, wato 4.9, saboda haka mita 4.9 ya sauko. Bayan sakan biyu gudun ya kai 19.6, matsakaicinsa 9.8, ka ninka da sakan biyu ka sami mita 19.6. Ka ga lokaci ya shiga lissafin sau biyu, sau ɗaya wajen tara gudu, sau ɗaya wajen cin tazara. Shi ya sa:

tsayi = 4.9 × lokaci × lokaci

Idan tsayi ka sani kana neman lokaci, raba tsayin da 4.9, sannan ka danna alamar √ a kalkuleta. Ta gajeriyar hanya kuma: lokaci = 0.452 × √tsayi. Tsayi a mita, lokaci a sakan. Wanda ya sa santimita a gurbin mita zai ga lokacinsa ya fito sau goma fiye da yadda yake.

Ga abin da lissafin yake bayarwa. Rabin mita, sakan 0.319. Mita 1, sakan 0.452. Mita 1.5, sakan 0.553. Mita 2, sakan 0.639. Mita 10, sakan 1.43. Mita 20, sakan 2.02. Mita 45, sakan 3.03.

Lura cewa nauyin abu bai shiga ko'ina ba. Galileo Galilei, ɗan Italiya, ya bayyana wannan ƙa'ida a littafinsa na shekarar 1638, bayan gwaje-gwajen da ya yi da ƙwallo a kan katako mai gangara, yana auna lokaci da nauyin ruwan da ya tsiyaye daga mazubi. Ya nuna cewa tazarar da abu yake ci a lokuta masu tsawo ɗaya tana tafiya ne 1, 3, 5, 7. A sakan na farko mita 4.9, a na biyu 14.7, a na uku 24.5. Riƙe wannan ɗaya da uku ɗin a ranka, za ta yi maka amfani nan gaba.

Kayan aiki da shirya wuri

Kana buƙatar ƙwayar boris ta ƙarfe mai faɗin kamar santimita 2, ko babban noti idan babu ita. Sai tef ɗin awo, da tef mai manne mai launi don yin alama, da zare mai ɗan nauyi a ƙarshensa, da farantin ƙarfe ko guntun katako da ƙwallon zai faɗa a kai, da waya mai ɗaukar bidiyo. Kada ka saki ƙarfe a kan tayil, zai fasa shi, kuma zai yi tsalle ya nufi inda ba ka zata ba.

Nemi bango mai fari ko mai launi ɗaya, a wuri mai haske sosai. Sauke zaren nan daga sama ya tsaya cak, shi zai nuna maka miƙaƙƙen layin da ƙwallon zai bi. Ajiye farantin a ƙarƙashinsa. Daga saman farantin za ka fara awo, domin idan katakon yana da kaurin santimita 2 ka auna daga daɓe, ka riga ka yi kuskuren kashi 4 cikin ɗari a tsayin rabin mita. Yi alama a mita 0.5, da 1, da 1.5, da 2. Kuma ƙasan ƙwallon ne zai daidaita da alamar, tunda ƙasan ne yake fara taɓa faranti.

Kafa wayar a kan wani abu da ba ya motsi, nesa da bango kamar mita 3 zuwa 4, a tsayin mita ɗaya, wato tsakiyar tazarar. Idan ta yi kusa, za ta riƙa kallon alamar sama daga ƙasa, ta ƙasa kuma daga sama, sai ƙwallon ya zama kamar ya wuce alama alhali bai kai ba. Saboda wannan dalili ne kuma ake sakin ƙwallon dab da bango, kamar santimita 5, ba tare da ya goge shi ba.

Saki

Nan ne gwajin yake gyaruwa ko ya lalace. Lissafin da ke sama ya ɗauka cewa abu ya tashi ne daga tsaye cik. Hannun mutum kuwa yana da halin bin abu ƙasa kafin ya sake shi. Turi kaɗan na mita 0.3 a sakan, wanda ido ba zai ma kama ba, yana rage lokacin faɗuwar mita 2 daga 0.639 zuwa 0.609, kuma idan ka lissafa g da wannan lokaci za ka sami 10.8. Riƙe ƙwallon tsakanin babban yatsa da manuni, ta gefe da gefe, ka jingina wuyan hannunka da bango, ka tsaya har hannun ya natsu, sannan ka buɗe yatsun gefe. Yatsu kaɗai za su motsa. Hannu ya zama busasshe, don gumi yana sa ƙwallo ya manne da yatsa ɗaya ya fita yana juyi.

Wanda ke son abin ya fi haka tsafta, ya ɗaure notin da zaren ɗinki, ya rataye shi a ƙusa har ya daina lilo, sannan ya yanke zaren da almakashi mai kaifi daga sama.

Auna lokaci

Agogon hannu ko na waya ba ya wannan aiki a gajeren tsayi, kuma gara ka tabbatar da haka da kanka kafin ka ɓata lokaci. Sa wani ya riƙe rula a tsaye, sifirinta tsakanin yatsunka biyu a buɗe, ya sake ta ba tare da ya gaya maka ba, kai kuma ka cafke. Idan ka kama a santimita 11, sakan 0.15 ka yi kafin hannunka ya amsa. A santimita 20, sakan 0.20. A santimita 30, kusan 0.25. Yawancin mutane wajen 20 suke kamawa. To faɗuwar mita ɗaya gaba ɗayanta sakan 0.45 ce. Kuskuren sakan 0.1 kawai a danna agogo zai ba ka g ta 6.6 ko ta 16.3. Agogo sai faɗuwa ta kai sakan biyu zuwa sama yake fara zama abin dogaro, shi ma da maimaici.

Bidiyo ya fi. Bidiyo jerin hotuna ne da ake ɗauka a jere, galibi 30 a sakan, wasu wayoyi kuma suna da tsarin ɗauka mai tafiyar hawainiya da ke ɗaukar 120 ko 240. Zaɓi mafi yawa da wayarka take da shi. Bayan ka ɗauka, buɗe bidiyon a manhajar da ke barin ka matsa hoto ɗaya-ɗaya, ka ƙirga hotunan daga saki zuwa taɓa faranti, ka raba da adadin hotunan da ake ɗauka a sakan. A 240, faɗuwar rabin mita hoto 77 ce, ta mita ɗaya 108, ta mita ɗaya da rabi 133, ta mita biyu 153. A 30 kuwa, faɗuwar mita biyu tana tsakanin hoto 19 da 20, kuma bambancin hoto ɗayan nan shi ne bambancin g ta 10.0 da ta 9.0.

Tarko biyu ne a nan. Na farko, lokacin da manhaja take nunawa a ƙasan bidiyo mai tafiyar hawainiya lokacin kallo ne. Bidiyon da aka ɗauka a 240 ake nuna shi a 30 ya miƙe sau takwas, sai faɗuwar sakan 0.64 ta zama 5.1. Wasu wayoyin ma suna barin farkon bidiyon da ƙarshensa a gudun da aka saba, tsakiyar kaɗai suke ja. Maganin wannan shi ne ka sa wata wayar da agogonta yake gudu a cikin hoton, ka ƙirga hotuna nawa ne a cikin sakan ɗaya na agogon.

Tarko na biyu ya fi ɓoyuwa. A farkon faɗuwa ƙwallon kusan ba ya motsi. Bayan hoto biyar a 240, milimita 2 kacal ya sauko, bayan hoto goma bai cika santimita ɗaya ba. Mai kallon ƙwallo zai ga kamar bai tashi ba, ya fara ƙirga a makare, lokacinsa ya gajarta, g ta fito sama da 10. Saboda haka yatsu ake kallo, hoton da suka fara rabuwa da ƙwallon shi ne sifiri.

Akwai dabarar da ke kawar da wannan matsala ɗungurungum, kuma ita ce ɗaya da ukun Galileo. Saki ƙwallon daga alamar mita 2. Lokacin da zai ɗauka kafin ya ci rabin mita na farko daidai yake da lokacin da zai ɗauka ya cinye sauran mita ɗaya da rabi. Don haka kada ka damu da farawa. Fara ƙirga daga hoton da ƙasan ƙwallon ya kai alamar mita 1.5, ka tsaya a hoton da ya taɓa faranti. Ya kamata ka sami hoto 76 ko 77, wato kimanin sakan 0.32. A wannan shiri na musamman lissafin yana da sauƙi ƙwarai: ninka lokacin da kansa, ka raba 1 da abin da ya fito, ita ce g. A duka wuraren biyu ƙwallon yana gudu sosai, don haka babu shakka a kan hoton da ya wuce alama. Kusa da ƙasa yana cin santimita 2.6 tsakanin hoto da hoto, idan haske ya yi ƙaranci zai fito kamar jan layi mai dishi-dishi. Ƙara haske, ko ka fita waje da rana.

Hanya ta uku ita ce ta sauti. Ɗora ƙwallon a bakin rular ƙarfe da ta leƙo daga gefen tebur, ka buge rular ta gefe da cokali da ƙarfi har ta fice daga ƙarƙashinsa. Ƙarar bugun ita ce farawa, ƙarar faranti ita ce ƙarewa. Manhajar phyphox, wadda jami'ar RWTH Aachen ta Jamus ta samar, tana da agogon da ke tashi da ƙara ɗaya ya tsaya da ta biyu. Ajiye wayar a tsakiyar tsayin, domin sauti yana ɗaukar kusan sakan 0.003 a kowace mita, idan tana tsakiya jinkirin biyu sai su soke juna. Ɗakin da ke amsa-kuwwa yana tsayar da agogon tun kafin ƙwallo ya sauka, sai ka ɗaga matakin ƙarar da manhajar take amsawa.

Fitar da sakamako

Kowane tsayi ka maimaita shi aƙalla sau biyar. Wanda ka ga hannu ya motsa a cikinsa, jefar da shi tun kafin ka duba lambarsa, don kada ka riƙa zaɓen waɗanda suka yi maka daɗi. Ɗauki matsakaicin sauran, ka ninka shi da kansa. Lambobin da ake sa ran gani a tsayi huɗun su ne 0.102, 0.204, 0.306, 0.408. Kowace tana ɗara wadda ta gabace ta da adadi ɗaya, kamar yadda tsayin yake hawa da rabin mita. Idan ka zana su a takarda mai layuka, tsayi a tsaye, lokaci sau lokaci a kwance, miƙaƙƙen layi za su bayar wanda ya ratsa ta sifiri. Layin da ya miƙe amma ya kauce wa sifiri yana nuna kuskure iri ɗaya a kowane awo, kamar kaurin faranti da aka manta.

Don fitar da g, ninka tsayi sau biyu ka raba da lokaci sau lokaci. Duk abin da ya faɗa tsakanin 9.6 da 10.1 aiki ne mai kyau da kayan hannu, domin kuskuren hoto biyu cikin 153 ya isa ya kai ka ɗaya daga cikin iyakokin nan. Ka tuna dalili: tunda lokaci sau biyu yake shiga, kuskuren kashi ɗaya cikin ɗari a lokaci yana zama kashi biyu a sakamako.

Gwajin da kunne ke ji

Wannan ba ya buƙatar waya, kuma ya fi kowane zane saurin shiga kan ɗalibi. Yanki igiya biyu masu tsawon mita biyu da rabi. A ta farko ɗaura noti a ƙarshenta, sannan a santimita 60, 120, 180 da 240. A ta biyu ɗaura a ƙarshe, sannan a santimita 15, 60, 135 da 240. Hau tsani, riƙe igiyar a tsaye, notin ƙasa yana ɗan taɓa faranti, ka saki. Ta farko, mai tazara iri ɗaya, ƙararta tana ƙara sauri, domin notocin suna sauka a sakan 0.35, 0.49, 0.61 da 0.70. Ta biyu, wadda a ido take kamar an ɗaura ta barkatai, tana bugawa daidai wa daida, kowane bugu sakan 0.175 bayan na gabansa. Sirrin shi ne 15, 60, 135, 240 ninkin 15 ne sau 1, 4, 9, 16.

Inda iska take shiga

Lissafin bai san da iska ba. Iska tana tokare abin da ke faɗuwa, kuma tokarewar tana ƙaruwa da gudu har ta yi daidai da nauyin abin, daga nan gudun ya daina hawa. Ƙwallon tebur, mai nauyin giram 2.7, gudunsa yana tsayawa a kimanin mita 9 a sakan, ƙwayar boris mai santimita 2 kuwa sai wajen 60. Shi ya sa a faɗuwar mita 2 jinkirin da iska take jawo wa ƙarfen bai kai sakan 0.001 ba, na ƙwallon tebur kuma kimanin 0.03 ne, wanda bidiyo mai 240 yake kamawa sarai. Takarda a shimfiɗe tana shawagi, ka dunƙule ta ta faɗi kusan tare da dutse, alhali nauyinta bai canza ba. A duniyar wata, inda babu iska, ɗan sama jannatin Amurka David Scott na tawagar Apollo 15 ya saki guduma da gashin tsuntsu a 1971 suka sauka tare. Can g 1.62 ce, faɗuwar mita ɗaya tana ɗaukar sakan 1.11.

Auna zurfi ko tsayi da dutse

Idan za ka yi amfani da wannan don gano zurfin rijiya ko tsayin gada, fara da tabbatar da cewa babu kowa a ƙasa. Abin da ya faɗo daga mita 10 yana isowa da gudun kilomita 50 a awa, daga mita 20 kuma 71. Kada ka sunkuya a bakin rijiya, miƙa hannu kawai. Zaɓi dutse mai tsafta, dunƙulalle, kamar girman ƙwan kaza. Tsakuwa ƙarama iska tana riƙe ta, faffaɗan dutse kuma yana kaucewa ya bugi bango. Saki daga daidai bakin, a tsakiya, kuma wanda ya saki shi ne zai danna agogo. Yi sau biyar ka ɗauki matsakaici. Wanda ya bugi bango ba ya cikin lissafi.

Lokacin da ka auna ya haɗa abu biyu, faɗuwar dutse da hawowar ƙara, wadda ke tafiya da gudun mita 343 a sakan a iska mai zafin digiri 20. Ga yadda ake raba su. A ce ka sami sakan 3.0. Lissafin farko ya ba da mita 44.1. Raba 44.1 da 343, ka sami sakan 0.13, lokacin ƙara ke nan. Cire shi daga 3.0, saura 2.87, wanda ya ba da mita 40.4. Sake zagayawa da wannan sabuwar lamba: ƙara 0.118, faɗuwa 2.882, zurfi mita 40.7. Zagaye biyu sun isa, na uku ba zai canza komai ba. Wanda bai yi gyaran ba ya ƙara wa rijiyar fiye da mita uku. A sakan 2.0 gyaran ƙarami ne, daga 19.6 zuwa 18.6. A zurfin mita 40 iska ma ta ɗan rage wa dutsen gudu, don haka ainihin zurfin zai gaza 40.7 da kaɗan.

Babban kuskuren dai yana hannun mai agogo. Idan ainihin lokacin sakan 2.0 ne ka danna a 1.8 ko 2.2, amsarka za ta yi yawo tsakanin mita 15.9 da 23.7. Gara ka kunna na'urar naɗar sauti ta waya, ka ƙwanƙwasa dutsen a bakin rijiyar a daidai lokacin da kake sakinsa, sannan ka karanta tazarar ƙarar biyu a kan zanen sautin. Abin da ka samu zurfi ne zuwa saman ruwa. Abin da ke ƙarƙashin ruwan sai an zura igiya mai nauyi a ƙarshenta.